Sawun Gefen Bango

Ruwan shuka ya sauka a Gidan Takama da asubahin Talata, kafin rana ta fito gari ya watse. Mai sungumi ya saɓa, mai iri ya ɗauki ƙwarya, ba wanda ya rage sai tsofaffi da marasa lafiya da kaji. Shi ya sa ba a sami mutum ɗaya da zai ce ya ji ihun Tanimun ba, in ma ya samu zarafin yin ihun.

Tanimun mutumin Illela ne da ya zauna a Gidan Takama da iyalinsa, shekara talatin sana'arsa ɗaya, warware tsofaffin gidaje. Inda kai kake ganin kango, shi azara yake gani. Azarar giginya sai ta shekara ɗari gara ba ta taɓa ta ba, to shi zai hau ya kankare ƙasar rufi, ya zare ta ɗaya bayan ɗaya, ya kai wa mai rufin masallaci ko mai sabon ɗaki. Ƙyaure ne, taga ce, tsohon kwaɗon maƙera ne, ba ya barin ko ƙusa. A wannan karon soron marigayi mijin Inna Nana yake warwarewa. Sun shirya azara tasa ce, amma ƙyauren zauren zai ciro ya kafa mata a ɗakin da take kwana. Ƙyauren ƙirya ne mai manyan ƙusoshi, kakan mijinta ya sa aka sassaƙa. An riga an sauke rabin rufin, sauran rabin Tanimun ya tokare shi da gungumen giginya a tsakiyar zauren.

Da hantsi Inna Nana ta dogara sandarta ta kai masa fura. Tun daga nesa ta ga ƙofa a wangale, babu ƙyaure. Ta leƙa. Tanimun na kife kusa da bangon ƙurya, ƙeyarsa a fashe, jini ya kwaɓe da jiƙaƙƙiyar ƙasa, ƙuda har sun taru. Ƙwaryar ta suɓuce mata. Tsohuwar da ba ta iya ɗaga murya ta kori akuya, ranar nan har gonakin bakin ƙorama an ji salatinta.

*

A gona aka je aka ɗauko Labo mai bin sawu. Shekara arba'in yana bin shanun sata, har ƙetaren iyaka ya sha zuwa ya dawo da su. Yana da wata siririyar sanda da yake auna taku da ita, yana tsaga mata alama da wuƙa. A ƙasar nan in aka ce "Labo ya ce," to an gama magana. Kuma gaskiya ɗaya ce, Labo yana jin daɗin hakan fiye da yadda ya kamata dattijo ya ji.

Ya tarar an cika zauren, an tattake tsakiyarsa kamar masussuka. Ya yi tsaki.

"Kun kashe shi sau biyu. Wa yac ce ku shiga?"

Aminu, babban ɗan mamacin, ya taso da gatari a hannu, idanunsa jajur. "Baba Labo, ba wa'azi munka kira ka ba. Nuna muna wanda ya yi wanga aiki."

Sai Jamilu ya matso. Surukin Labo ne, mijin 'yarsa Hassana, ɗan kabu-kabu mai haya da babur, yaro mai ladabi da ba ya haɗa ido da shi. Ya rusuna ya nuna ƙasa a bakin ƙofa. "Baba, diba nan. Ƙahwar amalanke ce, ga ta ta yo daga gabas."

Labo ya duba. Sawu biyu ne, na zuwa daga gabas babu kaya, na tafiya arewa ya nutse da nauyi. Mutum ɗari na huci a bayansa suna jiran ya buɗe baki. Ya ce a ransa, inda amalanke ta fito ai can ne gidan ɓarawo, me zai kai ni doguwar hanya? Ya bi na gabas. Taku ɗari uku bai cika ba sawun ya tsaya a bayan dangar Mumuni mai amalanke. Ga amalanken a tsaye, jaki na ɗaure a jikinta, ga jini ya bushe a kan katakon.

Labo ya ce, "Amalanken nan ce."

Iyakar abin da ya faɗa ke nan, wallahi bai ƙara ko kalma ba. Amma kafin ya rufe baki an tsallake danga. Suka jawo Mumuni daga kan tabarma da ɗan gajeren wando, jikinsa na rawa. Yana cewa, "Mi na yi? Jama'a, mi na yi?" aka sauke masa ƙotar sungumi a baki, haƙora suka zubo. Wani ya taka hannunsa a kan turmi ya doke shi da taɓarya, ƙarar karyewar ƙashin har Labo ya ji ta a cikinsa. Aminu ya ɗaga gatari, mai gari ya faɗa a kan Mumuni da rawaninsa da komai, yana rantsuwa sai dai a sare su tare.

Da ƙyar aka ja shi zuwa ɗakin ajiyar tabarmin masallaci aka danna kwaɗo. Mai gari ya kira jandarma, jami'an tsaron da ke Ƙonni, suka ce ƙorama ta cika ta batse, mota ba ta ƙetarewa sai ruwa ya janye.

Aminu ya tsaya a bakin ɗakin ya ɗaga murya don kowa ya ji. "Bayan la'asar muna rufe babana. In mun dawo daga kushewa, kwaɗon ga bai hana ni komi."

*

Labo na zaune a gindin itacen bedi ana ta yi masa sannu da aiki, sai ga Zuwaira matar Mumuni daga gona, ƙwaryar iri na hannunta har yanzu. Ba ta durƙusa ba, ba ta gaishe shi ba.

"Baba Labo, kai ne kac ce mijina?"

"Ni amalanke na nuna, ɗiyata."

"Amalanke anka karya ma hannu?" Ba ta yi kuka ba. "Kwana ukku shina kwance da zazzaɓi, ko buta ni ka kai mishi. Mutumin da bai iya ɗaga buta shi zai ɗaga ƙyauren ƙirya? Kuma kai da ka san kowa garin ga, yaushe ka taɓa ganin Mumuni ya bar jakinai ɗaure cikin amalanke tsaye cikin rana? Mutumin da ka ba jaki ruwa kahin ya sha?"

Maganar ta soki Labo. Ya ga jakin da idonsa a ɗaure, ya wuce. Kunya ta rufe shi. Ya ɗauki sandarsa ya miƙe.

A bayan dangar Mumuni ya tsugunna shi kaɗai, babu mai hura masa wuta a ƙeya. Sai ga abin a fili. Akwai sawu na uku da ya shigo daga arewa, a karkace, nan ya ratse, can ya tsaya. Duk inda ya tsaya, an ɗan figi ganyen sabara. Babu ƙafar mutum a gefe, babu nauyin mutum a sama. Jakin shi kaɗai ya kawo kansa gida yana kiwo. Wani ne ya kwance shi da safe, ya yi aikinsa, ya sake shi, don ya san jaki ba ya ɓata hanyar gidansu.

"Innalillahi," in ji Labo. Sauri ya haifi nawa, kuma a kan ɗan mutane ya haife shi.

*

Ya bi karkataccen sawun baya-baya har tsohon ramin da ake ɗibar ƙasar gini a arewacin gari. A can, ƙarƙashin tarin karan bara, ya tarar da ƙyauren.

Ya daɗe yana kallon yadda aka ajiye shi. Ba a yar da shi a ƙasa ba. An shimfiɗa guntayen azara biyu, aka kifa shi a kai don kada danshi ya taɓa fuskarsa. A gefe ga wani dutse mai rami a tsakiya. Irin waɗannan ƙyamaren ba su da maƙalai na ƙarfe, ƙafa gare su ta itace da ke juyawa a cikin ramin dutse, kuma dutsen a binne yake a bakin ƙofa. Ɓarawon banza ba zai san da shi ba, balle ya tsaya tono shi. Labo ya juya dutsen da ƙafa. Jini ne da furfura manne a gindinsa.

Sawun mutumin takalmin roba ne, irin wanda kowane manomi ke saye a kasuwar Tsarnawa. Labo ya auna tsawon takun, ya tsaga alama a sandarsa. Daga bakin ramin sawun ya hau kan marmara ya ɓace.

Ya dawo ya sami Aminu a inda ake haƙa kabari, ya gaya masa jaki shi kaɗai ya komo.

Aminu ya dube shi sama da ƙasa. "Da sahe kai kac ce shi ne. Yanzu ka ce ba shi ne ba. To kawo mani wanda ya yi. In ba ka kawo ba, wanda ag ga hannu shi ne."

Aka kira azahar. Labo ya yi sallar, amma bai san me ya karanta ba.

*

Ya koma soron. An ɗauke gawa, sai Inna Nana zaune a waje tana jan carbi. Tsakiyar zauren ta riga ta lalace, don haka ya bi gefe, inda ƙafar 'yan kallo ba ta kai ba. A gindin bango, tun daga ƙofa har ƙurya, ga sawu a jere. Da safe ya hange su ya ce na mamacin ne. Yanzu da ya tsugunna sai ya ga na mutum biyu ne. Ɗaya ƙafa ce tsirara mai faso, ta Tanimun. Ɗayan takalmin roba, ya shiga ya fita har sau huɗu, kuma ko sau ɗaya bai ratsa tsakiya ba. A jikin bangon kuma, daidai kafaɗa, ga shatin tafin hannun hagu da jini.

Ya leƙo waje. "Inna, mi ya sa Tanimun ka bin bango?"

Tsohuwar ta share ido da gefen zane. "Yo ai dokatai ce. Cewa shikai tsohon rufi daga tsakiya yaka hwaɗowa. Duk yaron da ya yi aiki garai, in ya ratsa tsakiyar ɗaki sai ya sha igiya. Bi bango, dafa bango, ɗaga ido sama. Har gidana in ya shigo gaisuwa haka shika raɓewa awa ƙadangare, ina yi mishi dariya."

"Mumuni hwa? Ai shi ka kwasar mishi azara."

"Mumuni? Bai taɓa taka zauren ga ba. Matsoraci ne, wai akwai iskoki. Bakin ƙohwa shika tsayawa a miƙo mishi."

"Wa ya taɓa tambayar ƙyauren?"

Ta ce, "Jiya wani dillali yaz zaka daga Ƙonni, Kabiru. Wai wani mai otel a Yamai ka son shi. Tanimun ya ce ya yi mani alkawari, ko an cika mishi buhu bai saidawa. Sunka yi ta ɗaga murya. Na ji an ce ruwa ya tare shi, nan yak kwana."

*

Kabiru na rumfar mai shayi yana ta duba waya, gajere mai tumbi, ya matsu ƙorama ta janye. Da ya ga Labo sai ya gyara zama.

"Ina kake da hantsi?" in ji Labo.

"Bakin ƙorama, ina diban ko ruwa ya rage."

"Wa ya gane ka?"

"Allah."

"Shi kam ya ga kowa. Ka taɓa aiki wurin Tanimun?"

Kabiru ya ce, "Shekara shidda. Shi ya koya mani komi. Na bar shi yau shekara goma sha biyu. Mun yi hwaɗa jiya, ban musu ba, amma ni in kashe maigidana? Baba, ka dube ni."

"Wa kag gaya ma zancen mai otel?"

"Wa ne ban gaya ma ba? A tasha ma na hwaɗi, gaban 'yan kabu-kabu, na ce duk wanda ya kawo mani ƙyauren ga sai ya hau sabon babur. Wasa nikai, wallahi wasa nikai."

Takalmin fata ne a ƙafarsa, amma takalmi ai ana sauyawa. Labo ya tashi yana jin ya kama bakin zaren. Sai dai yau sau ɗaya ya riga ya yi saurin baki, ba zai sake ba sai ƙasa ta faɗa da kanta.

*

Inuwa ta fara tsawo. An gama wanke gawa, an sa likkafani. Labo ya roƙi mai gari alfarma ɗaya, a tara masa mutane a ƙofar soron kafin a ɗauki makara. Ya ari tsintsiya wurin Inna Nana ya share zauren, ya bar tsofaffin sawun gefen bango kawai. Ya jingine sandarsa a bakin ƙofa, ya je ƙurya ya zauna inda aka tsinci gawar. Bai gaya wa kowa abin da yake nufi ba.

"Ranka ya daɗe, bismilla," ya ce wa mai gari.

Mai gari ya shigo kai tsaye ta tsakiya, ya kauce wa gungumen tokara, ya zauna. Aka kira liman, shi ma haka. Aka kira Aminu, wanda bai taɓa bin ubansa aiki ba tun da aka sa shi lakwal, makarantar boko, ya ratso tsakiya da gatarinsa a kafaɗa.

"Kabiru."

Dillalin ya tsaya a ƙofa, ya ɗaga ido ya dubi azara, ya dafa bango, ya raɓo ta gefe har ƙurya. Labo ya bi shi da ido. Saura awo kawai. Ya laluba gefensa, ya tuna sandar na bakin ƙofa. Ya hango surukinsa a gaban jama'a.

"Jamilu, miƙo mani sandata."

Jamilu ya tuɓe takalmi kamar yadda ya saba in zai je gaban surukinsa, ya ɗauki sandar da hannun dama. Ya sa ƙafa a zauren. Sai ya ɗaga ido sama. Ya kai hannun hagu ya dafa bango. Ya taho a raɓe, taku bayan taku, kowace ƙafa na sauka a gefen sawun roba kamar tare aka yi tafiyar. Da ya zo daidai shatin jinin, tafinsa ya sauka a kai ya rufe shi ruf. Hannun Kabiru kuwa, da ya wuce wurin, ƙasa da shatin ya dafa da kusan taƙi guda.

Ba wanda ya lura. Duk idanu na kan Kabiru, wanda zufa ta riga ta jiƙa masa riga.

Jamilu ya durƙusa ya miƙa sandar da hannu biyu. "Ga ta, Baba."

Labo ya karɓa. Ya tuna yaron ya taɓa ce masa kafin aure ya yi rani uku a Illela yana aikin gini. Ya tuna tabon da ke ƙeyarsa. Ya tuna wanda ya nuna masa gabas da safe. Ya tuna Hassana da cikinta wata takwas, jiya ma ta aiko masa da tuwo. In ya yi shiru, kafin magariba an kashe Mumuni. In ya nuna Kabiru, ba mai tambayarsa hujja, ai Labo ya ce. Bai taɓa jin tsoro irin na wannan lokacin ba, kuma ba tsoron kowa ba ne sai na bakinsa.

Ya miƙa sandar ya ɗora a kan takun Kabiru. Bai kai alamar ba. Ya ɗora a kan na Jamilu. Ya zauna daram.

"Yaro," ya ce a hankali, "wa ya koya maka bin bango?"

Jamilu ya dubi ƙafafunsa, ya waiga ya dubi layin da ya bari a baya. Fuskarsa ta zube.

"Baba..."

"Mumuni bai taɓa shiga ɗakin ga ba. Wanda ya kashe Tanimun, Tanimun ne ya koya mishi tahiya. Ranka ya daɗe, ga shi nan. Mijin ɗiyata ne. A riƙe shi a ba jandarma, kada wanda ya..."

Bai ƙarasa ba. Dagin Tanimun na jingine a ƙurya, Jamilu ya fizge shi ya kai sara. Labo ya tare da hannu, ƙarfen ya karya masa damtse, ƙashi ya huda fata ya leƙo. Aminu ya yi kururuwa ya kawo gatari, ya sami kafaɗar Jamilu, jini ya yi tsartuwa har rawanin liman. Jamilu ya yar da dagin ya zabura zai fita. Ranar nan kam bai bi bango ba. Ya ratsa tsakiya a guje yana waige, ya yi karo da gungumen tokara da dukan ƙarfinsa.

Gungumen ya goce. Aka ji rufin ya yi ƙara sau ɗaya, sai azara da ƙasar shekara ɗari suka sauko.

Waɗanda ke ƙurya bango ya cece su. Da ƙura ta lafa, sai ga Jamilu daga ƙugu zuwa ƙasa a danne, azara uku a kan cinyoyinsa, yana ihu kamar ana yanka shi. Jama'a suka yo ciki da sungumi da sanduna. Labo ya rarrafa da hannu ɗaya, ɗayan na reto, ya kwanta a kan ƙirjin yaron.

"Wanda zai sare shi ya fara da ni. Yau bakina ya karya mutum guda, ya isa."

Aminu na tsaye a kansu, gatari a sama, hawaye na zuba. "Don mi? Kai, don mi? Mi babana ya yi maka?"

Jamilu na haki, jini na fita ta hancinsa. "Na ɗauka shina gona... Na ciro ƙyauren, na tono dutsen, sai ga shi. Bai ko yi hwaɗa ba. Ya ce, Jamilu, ni na tono ka da hannuna ran da ɗaki ya rufta maka a Illela. Maida shi, in ba haka ba in gaya ma surukinka. Ya juya ya ba ni baya... dutsen na hannuna..."

Gatarin ya daɗe a sama. Liman ya zo ya kama ƙotar, Aminu ya sakar masa, ya durƙushe a kan ƙasar yana kiran babansa. Kabiru ne ya tuɓe riga ya fara ba da umarni, a fara daga gefe, da hannu, kada wanda ya ja azara sai an kwashe ƙasar da ke kanta.

*

Labo bai tsaya ganin an ciro Jamilu ba. Aka ɗaure masa hannu da rawanin mai gari, ya karɓi mabuɗi ya nufi masallaci. Zuwaira na zaune a bakin ɗakin tun azahar, ta jingina bayanta da ƙofa.

Mumuni na kwance a kan tabarmi, fuska ta kumbura ba a gane shi, numfashi na fita da ƙyar. Yana da rai. An ce ruwan ƙorama ya sauka zuwa ƙugu, in an ƙetare da shi akwai mota a bakin kwalta da za ta kai shi likita a Ƙonni. To a kan me za a ɗauke shi? Makarar garin guda ce, Tanimun na kanta. Amalankensa kuwa an farfasa ta tun da safe.

Inna Nana ta ce, "Ku ɗauko ƙyauren. Mutum ɗaya ya mutu kanai, bari ya ɗauki wani da rai."

Maza shida suka je ramin suka kinkimo shi. Cikinsu har da wanda ya riƙe taɓarya da safe, kansa a sunkuye. Aka shimfiɗa zane a kan ƙusoshin, aka kwantar da Mumuni. Da za a ɗaga, ya buɗe idon da ya rage masa, ya ga Labo.

"Baba Labo... ka hwaɗa musu ba ni ne ba?"

"Na hwaɗa, Mumuni. Ka yahe mani."

Mumuni ya rufe idon. Zuwaira ta gyara masa karyayyen hannun a kan ƙirji, ta dubi Labo sau ɗaya. "In ya tashi, ka tambaye shi," in ji ta.

Suka kama hanyar ƙorama, Labo na biye a baya. Shekara arba'in ya saba tafiya kansa a ƙasa, yanzu ko yana so ko ba ya so sai ya karanta. A mararrabar da ta ratsa zuwa soron, wani sabon sawu ya gitta hanyarsu. Ƙafar mace ce, babu takalmi, a guje, diddige na nutsewa saboda nauyin ciki, ɗan yatsan hagu a karkace kamar na uwarta. Tun ranar da Hassana ta fara taka ƙasa a tsakar gidansa ya san wannan ƙafar.

Ya tsaya a kanta. Daga can wajen soron ya fara jiyo muryarta.

Ɗaya daga cikin masu ɗaukar ƙyauren ya waigo. "Baba Labo, ka koma, mu mun isa."

Labo ya tsallake sawun a hankali don kada ya taka shi, ya bi bayan Mumuni.